Tsohon Kibod da Sabuwar Kwamfuta: Yaya Za a Haɗa Su?

Na samu tsohon kibod a kayan gwanjo, bakin wayarsa zagayayye ne. Zai yi aiki a laftof?

Zai yi, amma fara duba bakin. Idan ƙarami ne mai allura shida, PS/2 ke nan, wanda kamfanin kwamfuta na IBM ya fito da shi a 1987. Idan babba ne mai allura biyar, na zamanin AT ne, wata tsohuwar kwamfutar IBM, ya girmi PS/2. Laftof na yau USB kawai ya sani, don haka sai an sa musu tafinta.

Na sayi 'yar adafta, amma shiru. Me ya faru?

Nan ne mutane da yawa ke asarar kuɗinsu. Adafta iri biyu ce. Akwai 'yar guntuwar roba wadda babu komai a cikinta sai wayoyi. Ita ba ta fassara, sauya baki kawai take yi, kuma an yi ta ne don kibod ɗin da dama ya iya yarukan biyu. Tsohon kibod bai san USB ba, domin USB ɗin ma sai a 1996 ya fito. Abin da kake buƙata shi ne mai 'yar ƙwaƙwalwa a ciki, wadda ke karɓar saƙon PS/2 ta mayar da shi na USB. Ka tambayi mai shago kai tsaye, in da hali ka tafi da kibod ɗin a gwada a gabanka.

Ko a cikin masu ƙwaƙwalwar, wasu masu arha sukan gaza da tsohon kibod ɗin IBM mai suna Model M, saboda ya fi kibod na zamani jan wuta.

To mai allura biyar fa?

Idan na AT ne, yarensa ɗaya da PS/2. Adaftar wayoyi ta isa ta kai shi PS/2, daga nan mai ƙwaƙwalwa ta kai shi USB. Na XT kuwa, kwamfutar IBM da ta girmi AT, bakinsu ɗaya amma yare daban, sai na'ura ta musamman. Juya kibod ɗin ka duba, wasu suna da ɗan makunnin XT/AT a ƙasa. Mayar da shi AT.

Kwamfutata ta tebur tana da ramin PS/2. In cusa kawai?

Kashe ta tukuna. Ba a yi PS/2 don cirewa da sawa tana kunne ba. Ramin shunayya na kibod ne, kore na linzami.

Duk wannan wahala ta cancanta?

A wurina, ƙwarai. Model M yana da sifirin a ƙarƙashin kowane madanni, yatsa na jin lokacin da harafi ya shiga, kuma akwai na shekarun 1980 da har yau ake rubutu da su. Ba shi da madannin Windows, amma Ctrl da Esc tare suna buɗe Start. Ɓ, ɗ da ƙ kuma daga saitin kwamfuta ake samo su, tsufan kibod bai hana ba.