Karatu ta intanet a jami'o'i da makarantun kiwon lafiya na arewacin Kamaru

Karatu ta intanet, wanda ake kuma kira karatu daga nesa, hanya ce ta koyarwa inda malami da ɗalibi ba sa haɗuwa a aji ɗaya. Darasi yakan iske ɗalibi ta wayar hannu ko kwamfuta, a rubuce ko a murya ko a bidiyo. A arewacin Kamaru, wato jihohin Adamawa da Arewa da Arewa Mai Nisa, wannan hanya ta daɗe tana nan a hannun 'yan tsiraru, sai annobar korona ta shekarar 2020 ta tura kowa cikinta rana ɗaya. Wayar hannu ce ajin mafi yawan ɗaliban yankin, kuma wutar lantarki da kuɗin data su ne ke yanke wanda zai halarta da wanda zai rasa.

Jami'o'in yankin

Jami'o'in gwamnati uku ne a arewa. Ta Gaundare ce babbar yaya, an kafa ta a 1993, harabarta tana Dang, kimanin kilomita 15 daga cikin gari. Ta Marwa ta biyo baya a 2008, ta kuma yi suna da babbar makarantar horar da malamai. Auta ita ce ta Garwa, wadda aka kafa a watan Janairun 2022, kuma ita ta gaji tsangayar koyon aikin likita da ke garin, wadda a da take ƙarƙashin Jami'ar Gaundare. Ban da su akwai makarantun horar da nas-nas da ungozoma da ma'aikatan ɗakin gwaji, na gwamnati da masu zaman kansu, da ke ƙarƙashin kulawar ma'aikatar lafiya. Kuɗin rajistar shekara a tsangayoyin gwamnati sefa 50,000 ne, harshen koyarwa kuma Faransanci ne a mafi yawan darussa.

Nisa shi ne tushen buƙatar. Daga Marwa zuwa Yawunde ya haura kilomita 1,000, layin dogo kuma a Gaundare ya tsaya. Ƙwararren malami da ke kudu yakan zo ne ya tattara darasin zango guda cikin 'yan kwanaki ya koma, ɗalibai su bi shi da gudu da biro. Duk hanyar da za ta kawo muryarsa ba tare da ya hau jirgin ƙasa na dare ba, abin so ce.

Kafin korona

Ƙungiyar jami'o'in ƙasashe masu amfani da Faransanci, AUF, tana cikin waɗanda suka fara share fage. Ta buɗe cibiyoyin kwamfuta da intanet a Gaundare da Injamena, inda ɗalibi ke iya yin rajistar digiri daga nesa a wata jami'ar Afirka ko Faransa, ya bi darasi, ya rubuta jarrabawa a ƙarƙashin mai sa ido. Jami'ar Gaundare ma ta gudanar da digiri na biyu daga nesa a fannin taswirar ƙasa da kula da albarkatu, mai suna GAGER. Masu cin moriyar irin waɗannan shirye-shirye galibi ma'aikata ne masu albashi, ba su da yawa.

Babban yunƙurin gwamnati ya zo a 2016, lokacin da aka sanar cewa Shugaba Paul Biya zai raba wa ɗaliban manyan makarantu kwamfutocin tafi-da-gidanka 500,000. An ciyo bashin sefa biliyan 75 daga bankin Exim na ƙasar Sin domin aikin, wanda ya haɗa da gina cibiyoyin fasahar zamani tara a jami'o'i, a ƙarƙashin ministan ilimi mai zurfi Jacques Fame Ndongo. An fara rabon a ƙarshen 2017. Kwamfutar, mai tambarin PB HEV, ƙarama ce, ma'ajiyarta gigabait 32 kacal, abin da ya jawo ƙorafi sosai. Duk da haka ga ɗalibi ɗan ƙauye daga Mayo-Danay ko Mayo-Rey, sau da yawa ita ce kwamfuta ta farko da ta taɓa shiga gidansu.

Shekarar 2020

An tabbatar da mutum na farko mai korona a Kamaru ranar 6 ga Maris 2020. Ranar 17 ga wata Firaminista Joseph Dion Ngute ya sanar da rufe makarantu da jami'o'i da iyakokin ƙasa daga washegari. Aka umarci jami'o'i su ci gaba da koyarwa ta intanet har zuwa 1 ga Yuni, ranar da aka koma aji.

A takarda, dandamali irin su Moodle da Google Classroom da Zoom ne za su ɗauki nauyin. A zahiri WhatsApp ne ya ɗauka, sai Telegram a bayansa. Malami yakan tura darasi a fayil ga shugaban aji, wanda ɗalibai ke kira delege, shi kuma ya jefa a zauren WhatsApp na ajin. Wani malamin yakan bi da saƙon murya na minti goma ko ashirin yana warware abin da ya rubuta, kuma ɗalibai da dama sun fi son wannan, domin murya ba ta cin data kamar bidiyo, ana kuma iya maimaita ta har sai ta zauna. A ɗakunan haya na Dang, wanda ya samu rezo, wato siginar waya, mai kyau shi ke sauke fayil, sauran su karɓa daga wayarsa ba tare da taɓa datarsu ba. Wanda idonsa ya gaji da ƙaramin gilashin waya sai ya kai fayil shagon hoton takarda a buga masa. Ta haka karatun intanet ya riƙa komawa takarda kafin ya shiga kai.

Akwai ribar da ba a zata ba. Ɗalibar da ba za ta iya ɗaga hannu a ɗakin lacca mai ɗaruruwan mutane ba, ta iya rubuta tambayarta a zaure. Matan aure masu goyo sun samu damar sauraren darasi bayan isha, yara sun yi barci. Amma waɗanda suka koma ƙauye da aka rufe makaranta, musamman a yankunan kan iyaka na Mayo-Sava da Mayo-Tsanaga da Logone-et-Chari da rikicin Boko Haram ya ɗaiɗaita tun 2014, da yawansu sun ɓace daga zaure gaba ɗaya, sai da aka dawo suka tarar da tulin karatu.

Wuta da rezo

Jihohin arewa uku sun dogara da madatsar ruwa ta Lagdo da ke kan kogin Binuwai, mai ƙarfin megawat 72, wadda aka kammala a 1982. A ƙarshen rani ruwanta kan ja baya, sai a shiga rabon wuta unguwa-unguwa, a daidai lokacin da zafin Garwa ke haura digiri 40. Tashoshin hasken rana na Marwa da Gidar sun kawo sauƙi daga baya, amma har yanzu ɗalibi yana lissafin darasinsa ne da batirin wayarsa. Mai cajin waya a bakin kasuwa, da ɗan injinsa da jerin wayoyi masu lamba a jiki, yana cikin ma'aikatan wannan karatu ko da ba a taɓa sa shi a lissafi ba. Data kuwa daga MTN ko Orange ko Camtel ake saye, kuma awa biyu na lacca ta bidiyo na iya cinye abin da ɗalibi ya ware wa abincin yini.

Fannin lafiya

A nan ne batun ya fi nauyi, domin kuskuren ɗalibin lafiya a jikin mutum yake sauka. Karatun likita a Kamaru shekara bakwai ne, na cikakken nas shekara uku, kuma duka biyun rabi aji ne rabi asibiti. Rabin aji yana tafiya ta intanet lafiya lau, wani lokacin ma fiye da allo da alli. Hoton zuciya da ake iya juyawa a duba ta kowace fuska, ko bidiyon da ke nuna yadda ƙirjin yaro mai ciwon haƙarƙari ke lotsawa idan ya ja numfashi, ya fi zanen da ya sha hoton takarda har ya dushe.

Rabin asibiti kuwa, wanda ɗalibai ke kira sitaj, hannu yake nema. Ana iya karanta cewa sanƙarau yana sandarar da wuya, amma sai ɗalibi ya sa tafinsa ƙarƙashin ƙeyar majinyaci ya ji yadda ta ƙi lanƙwasawa kafin ya san abin da littafi ke nufi, kuma arewacin Kamaru yana cikin yankin da cutar ke tashi da rani. Haka neman jijiya a hannun mai kwalara da ruwan jikinsa ya ƙare, haka lalubo saifa a cikin yaro mai zazzaɓin cizon sauro. Ko ɗan tef ɗin auna damtsen yaro, wanda jansa ke farawa ƙasa da milimita 115 alamar tamowa mai tsanani, sai babbar nas ta kama hannun ɗaliba ta nuna mata kada ta matse, kada kuma ta sake.

Sai harshe. Darasi da Faransanci yake zuwa, majinyaci kuma da Fulatanci ko Hausa ko Larabcin Shuwa ko Barbarci yake kawo kukansa. Ɗalibi yakan buɗe da "Sannu, Inna, me ke damun ki?" ko "Jam na?", tsohuwa ta ce ciwon ciki ne, alhali kalmar na iya ɗauke da gyambon ciki ko matsalar mahaifa ko abin da kunya ta hana ta faɗa a gaban ɗanta. Sanin yadda za a sallami ɗan cikin ladabi a sake tambaya, a gefen gado ake koyon sa, daga bakin wanda ya riga ka. Makarantar da ta rage wa ɗalibanta kwanakin asibiti da hujjar cewa sun kalli bidiyo ta cuce su, ta kuma cuci waɗanda za su kwanta a gabansu gobe.

Inda intanet ya fi yin rana shi ne ƙarin ilimi ga ma'aikacin da ya riga ya gama makaranta aka tura shi nesa. Shirin RAFT, wanda ya samo asali daga wani aiki da aka fara a Mali a 2001 tare da asibitocin Jami'ar Jeniba, yana watsa laccocin likitoci zuwa ƙasashen Afirka da dama, har da Kamaru da Cadi. Manhajar da aka ƙera masa domin rezo mai rauni sunanta Dudal, kuma duk mai jin Fulatanci ya san duɗal, wurin da almajirai ke kewaye wuta da allunansu. Hukumar Lafiya ta Duniya ma ta buɗe dandalin OpenWHO a 2017, da darussa kyauta kan annoba. Ga nas ɗin da shi kaɗai ne a ƙaramin asibitin ƙauye, wanda in ya tafi taron bita a Marwa sai an rufe ƙofa, irin wannan darasi yana ba shi damar ƙaruwa ba tare da ya bar majinyata ba.

Ƙetaren Logon

Gadar Ngeli da ke kan kogin Logon ce ta haɗa garin Kusiri na Kamaru da Injamena, babban birnin Cadi, kuma dubban 'yan Cadi suna karatu a Gaundare da Marwa. Rufe iyaka a 2020 ya raba wasunsu da ajinsu, wasu kuma da gidajensu. Cadi tana da Jami'ar Injamena tun 1971, da Jami'ar Adam Barka a Abeshe, da jami'ar karatu daga nesa ta ƙasa, sai dai wutar lantarki tana isa ga kusan mutum ɗaya ne cikin goma, data kuma a hannun Airtel da Moov Africa take. Daga Maris 2018 zuwa Yulin 2019 hukumomin ƙasar sun toshe shafukan sada zumunta, har da WhatsApp, na kimanin wata 16. Ɗaliban da ke son shiga zauren ajinsu a lokacin sai da suka bi ta manhajojin kewaye shinge, waɗanda ke ƙara cin data da batir.