Lambobin Asibiti na Illar da Ƙunar Sinadari Ke Bari a Hannu

Lambobin da ake magana a kai wasu haruffa ne haɗe da alƙaluma da asibiti ke rubutawa a takardar neman biya idan mutum ya zo da matsalar da tsohuwar ƙunar sinadari ta bar masa a hannu, wato miki ya riga ya warke amma fata ta tsuke, ko yatsu sun ƙage, ko tabo ya yi tudu yana ƙaiƙayi. Suna cikin kundin rarraba cututtuka na duniya da ake kira ICD, wanda Hukumar Lafiya ta Duniya ke riƙe da shi, amma inda aka fi baza su dalla-dalla shi ne a Amurka, cikin nau'in da suke kira ICD-10-CM, domin can kamfanin inshora ba ya sakin kuɗi sai ya ga lambar da ta nuna dalilin zuwan mara lafiya. Aikinsu shi ne su ɗaura matsalar yau da raunin da ya haife ta, ko da an yi shekaru da faruwar abin.

Tarihi

Asalin kundin ba don kuɗi aka yi shi ba sam, don ƙirga mace-mace aka yi shi. A 1893 taron masana ƙididdiga na duniya da aka yi a Cikago ya amince da jerin sanadin mutuwa da Bafaranshe Jacques Bertillon ya tsara, shi ma ya ɗora ne kan aikin da William Farr ya yi a Ingila tun wajajen tsakiyar ƙarni na 19. Aka riƙa sabunta jerin kusan duk bayan shekara goma. To irin wannan jeri ba shi da wurin wanda ya ƙone ya rayu, wanda ya mutu kawai yake gani. Sai a 1948, da Hukumar Lafiya ta Duniya ta karɓi ragamar a bugu na shida, aka shigar da cututtuka da raunukan masu rai.

Amurka ta ɗauki bugu na tara ta yi masa kwaskwarima ya zama ICD-9-CM, aka fara aiki da shi a 1979, kuma ya daɗe ƙwarai, sama da shekara 35. A cikinsa ƙunar hannu da wuyan hannu tana rukunin 944, duk illar da ta biyo baya kuma lamba ɗaya tak ce ke ɗauke da ita, 906.6. Wannan lambar ba ta faɗin hannun dama ne ko na hagu, ba ta faɗin tafi ne ko yatsa, ba ta faɗin zurfin ƙunar, kuma ba ta raba wanda wuta ta ƙona da wanda asid ya ci, sai dai a ƙara wata lamba ta daban daga rukunin E mai nuna sanadi. Mai aikin walda da ya ƙone ɗan yatsa da ma'aikacin masana'anta da soda ta cinye masa tafin hannu gaba ɗaya, a takarda duk abu ɗaya ne.

Bugu na goma, wanda babban taron hukumar ya amince da shi a 1990 kuma ƙasashe suka fara amfani da shi daga 1994, shi ne ya raba ƙunar zafi da ƙunar sinadari. Rukunin T23 na hannu da wuyan hannu ya rabu biyu, daga T23.0 zuwa T23.3 na zafi, daga T23.4 zuwa T23.7 na sinadari. Illar da ta biyo baya kuma aka kai ta T95, inda T95.2 ke ɗauke da hannu tun daga kafaɗa, kuma a wannan tsarin ana ɗaukar abu a matsayin illa idan likita ya ce haka ne ko kuma idan yana nan bayan shekara ɗaya ko fiye da faruwar raunin. Ƙasashe irin su Jamus da Ostareliya da Kanada kowace ta yi nata nau'in.

Amurka ta fara amfani da bugu na goma wajen takardun mutuwa a 1999, amma wajen biyan kuɗin asibiti abin ya ja lokaci sosai, an sa 2013 aka ɗaga zuwa 2014, majalisar dokoki ta sake ɗagawa, sai ran 1 ga Oktoba 2015 aka koma. Lambobin cuta suka tashi daga kimanin 14,000 zuwa kusan 70,000. Ƙungiyar likitocin ƙasar ta yi adawa, tana cewa nauyi ne da kashe kuɗi, masu goyon baya suna cewa bayanai za su fi inganci. A wannan nau'in an jefar da T95 gaba ɗaya, aka kawo dabarar harafi na bakwai.

Yadda ake karanta lambar

A ɗauki T23.751S. T23 na nufin hannu da wuyan hannu, 7 na nufin ƙunar sinadari mataki na uku, wato wadda ta cinye fata duka kaurinta har ta iya taɓa naman ƙasa, 5 tafin hannu, 1 dama, S kuma illa ce ta tsohon rauni. Gurbin da 5 ke zaune yana canzawa: 0 idan ba a faɗi wurin ba, 1 babban yatsa, 2 yatsa ɗaya wanda ba babba ba, 3 yatsu da yawa ban da babba, 4 yatsu da yawa har da babba, 6 bayan hannu, 7 wuyan hannu, 9 wurare da yawa. Na gaba da shi 1 dama, 2 hagu, 9 ba a faɗa ba. Ware babban yatsa da aka yi yana da ma'ana, don da shi ake riƙe cokali da biro da maɓallin riga, idan fatar da ke tsakaninsa da manuniya ta tsuke to hannun gaba ɗaya ya rage amfani.

Harafin ƙarshe, wato na bakwai, iri uku ne: A, D da S. Ana sa harafin A lokacin da ake tsaka da jinyar raunin, har da tiyata da dashen fata na farko, D lokacin da ake bibiya miki na warkewa, S kuma idan raunin ya wuce ya bar matsala. Ba yawan zuwa asibiti ke sa harafi ya canza ba, matakin jinya ne.

Ƙa'idojin sa harafin S

Nan ne masu rubuta lamba suka fi yin tuntuɓe. Lambar S ba ta cika tafiya ita kaɗai ba, ana fara rubuta abin da ke damun mutum yanzu, sannan a biyo da ita tana bayyana daga ina abin ya fito. Idan tabo ne ya tsuke fata ana fara sa L90.5, idan tabo ne mai tudu L91.0, idan gaɓar ce kanta ta ƙage akwai M24.541 na hannun dama da M24.542 na hagu, idan an yanke yatsa akwai rukunin Z89. Harafin S a jikin lambar rauni yake zama, ba a liƙa shi a lambar tabon.

Misali ma'aikacin da ruwan soda mai ƙarfi ya shiga safar hannunsa bai lura da wuri ba, aka yi masa dashen fata, bayan shekara biyu ya dawo ba ya iya buɗe tafin dama ya shimfiɗa shi a kan tebur. Takardarsa za ta ɗauki L90.5 a gaba, sai lambobin tsohon raunin da S, wato T54.3X1S mai nuna sinadarin da kuma cewa haɗari ne, da T23.751S. Rukunin T54 shi ne na abubuwa masu cin jiki, T54.2 asid, T54.3 dangin soda, kuma alƙalami na shida, wato wanda ke bayan X, shi ke faɗin niyya, 1 haɗari, 2 mutum ya yi wa kansa, 3 wani ya watsa masa, 4 ba a tantance ba. Wannan alƙalami ɗaya yana da nauyi ga wanda aka watsa wa asid, domin shi ke ajiye shaidar cewa ba ganganci ya yi ba.

A tsarin Amurka babu wa'adi, ana iya sa S bayan wata ɗaya ko bayan shekara ashirin. Ƙunar da ta ƙi warkewa kuwa ba illa ba ce a wurinsu, ana rubuta ta a matsayin ƙuna mai ci har yanzu, haka ma fatar da ta mutu a wurin. Kuma tunda ƙuna ba ta warkewa lokaci ɗaya, an yarda a ga lambar sabon rauni da ta S a takarda ɗaya, misali bayan hannu ya warke ya bar tabo amma yatsu na nan da miki. Rukunin T32 mai nuna kashi nawa na jiki ya ƙone ba a sa shi a kan illa, lambar wurin da abin ya faru ma sau ɗaya ake sa ta a zuwan farko.

Mai rubuta lamba ba shi da ikon ƙirƙirar dangantakar, sai likita ya rubuta a fayil cewa wannan tsukewa daga waccan ƙuna take. Idan bai rubuta ba sai tabon ya shiga takarda ba shi da asali, kuma daga nan ne ake samun inshora ta ɗauki tiyatar sakin fata a matsayin gyaran kwalliya ta ƙi biya, ko a rasa hujja wajen neman diyyar rauni a wurin aiki. Gaskiya wannan layi ɗaya da likita zai rubuta ya fi duk sauran ƙa'idojin muhimmanci ga mai hannun.

Dalilin da illar ke daɗewa

Asid yana daskarar da naman da ya taɓa ya yi ɓawo, ɓawon kan ɗan rage masa shiga, amma dangin soda, har da jiƙaƙƙen siminti, narkar da nama suke yi suna ci gaba da nutsewa, shi ya sa a ranar farko ƙunar kan yi kamar ƙarama. Asid ɗin haidurofulorik da ake amfani da shi wajen sassaƙa gilashi da cire tsatsa yana ratsa fata ya kama sinadarin kalsiyam na jiki, zafin ma wani lokaci sai bayan sa'o'i yake zuwa. Fatar bayan hannu siririya ce, jijiyoyin miƙe yatsu na nan dab da ita, don haka da tabo ya fara ja sai yatsu su tanƙware, kuma tabon ƙuna kan ɗauki shekara ɗaya zuwa biyu kafin ya daidaita.

Lambobin aiki

ICD na faɗin dalilin zuwa ne kawai. Abin da likita ya yi, kamar sakin tabo ko dashen fata, yana da nasa kundin mai suna CPT na ƙungiyar likitocin Amurka, wanda ya fara fitowa a 1966.

Halin da ake ciki

Ana sabunta ICD-10-CM duk 1 ga Oktoba, akan kuma yi ƙari ran 1 ga Afrilu, wasu lambobi su shigo wasu su fita, don haka ana amfani da bugun ranar da aka ga mara lafiya. Bugu na sha ɗaya na hukumar ta duniya, wanda aka amince da shi a 2019, ya fara aiki ran 1 ga Janairu 2022, shi yana haɗa lambar tushe da ƙananan lambobin ƙari masu nuna ɓangare da sanadi. Asibitocin Amurka dai suna kan ICD-10-CM wajen neman biya.