Lord Delamere: maharbin zakin da ya zama jagoran Turawa 'yan kama-wuri-zauna a Kenya

Wane ne shi, kuma me ya kai shi Kenya?

Sunansa na asali Hugh Cholmondeley. An haife shi a 1870, ɗan gidan sarauta ne na Vale Royal a yankin Cheshire na Ingila. Yana ɗan shekara 17 mahaifinsa ya rasu, ya gaji sarautar da gidan da filayen. Karatu bai dame shi ba, doki da bindiga ne suka ɗauke masa hankali. A 1891 ya fara zuwa ƙasar Somaliya farautar zaki. A 1894 wani zaki ya cafke shi, Basomalen da ke riƙe masa bindiga ne ya yi kukan kura ya cece shi, amma ɗingishin bai rabu da shi ba har ya mutu.

A 1896 ya taso daga Somaliya ya nausa kudu, bayan doguwar tafiya a busasshiyar ƙasa ya ɓullo tsaunukan Kenya. Can ya tarar da sanyi da ruwa da ciyawa shar, ya ƙyalla ido. A 1903 ya dawo da matarsa Florence da niyyar zama.

Ta yaya mutum ɗaya ya samu eka 100,000?

Gwamnati ce ta ba shi, haya ta shekara 99, a kusa da Njoro. Ingila ta kashe maƙudan kuɗi wajen shimfiɗa titin jirgin ƙasa daga Mombasa zuwa Tabkin Victoria, wanda ya isa bakin tabkin a 1901, sai ga jirgi babu kayan ɗauka. Kwamishinan Ingila mai mulkin ƙasar, Sir Charles Eliot, ya ga mafita ita ce a jawo Turawa su yi noma a gefen layin. Delamere na cikin na farko, a 1906 kuma ya ƙara da makiyayar Soysambu a bakin Tabkin Elmenteita.

Turawan sun ce filin ba na kowa ba ne. Duk wanda ya taɓa zama da makiyayi ya san wannan zance ne kawai: wurin da ka tarar babu garke yau, da shi aka dogara in rani ya yi. Filayen kiwon Masai ne, wata ƙabila ta makiyaya. A 1904 aka ƙulla yarjejeniyar da ta kwashe su daga tsakiyar kwarin Rift, wasu aka kai su Laikipia bisa alkawarin ba za a sake taɓa su ba. Shekara bakwai kacal alkawarin ya yi. A 1911 aka sake tashin su zuwa kudu. Sun kai ƙara, kotu ta ce yarjejeniya ce tsakanin ƙasa da ƙasa, ba hurumin ta ba ne.

To, da gaske ne ya iya noma, ko dai suna ne?

Nan kam sai a ba shi haƙƙinsa, ya sha wuya. Ya shigo da tumaki masu tsada daga ƙetare, suka yi ta mutuwa saboda ƙasar Njoro ba ta da wani sinadarin da dabba ke buƙata, abin da Masai suka daɗe da ganewa a aikace, shi ya sa ba su cika kiwo a wurin ba. Ya koma shanu, cuta ta share su. Ya shuka alkama, cutar tsatsa ta cinye ta. Ya jinginar da gidan gadonsa na Ingila ya ci gaba, har aka samo irin alkamar da ke jure cutar, aka kuma haɗa tumakin waje da na gida. Yana cikin waɗanda suka kafa kamfanin niƙa na Unga a 1908 da ƙungiyar masu madara ta KCC a 1925.

Shekaru ya yi yana kwana a ɗakin laka mai rufin ciyawa, ga gashi har kafaɗa, ga ƙatuwar hular rana. Yana jin yaren Masai, da dare makiyayansa kan kewaye shi a sha hira. Masu yabonsa na son kawo wannan hujja. Ni dai ban ga abin da hirar dare ta mayar wa Masai ba.

Yaushe ya shiga siyasa?

Kusan tun saukarsa. A 1903 ya yi tsaye wajen adawa da shirin Ingila na ba Yahudawa matsuguni a tudun Uasin Gishu. Ya shugabanci ƙungiyar Turawan da suka zauna, da aka buɗe majalisar dokoki a 1907 kuma aka naɗa shi mamba. Shekara guda bayan haka ya ja zugar Turawa har gidan Gwamna Sadler suna ihun ya sauka, don gwamnati ta fito da ƙa'idojin da suka rage tilasta wa baƙaƙe aikin gona. Aka dakatar da shi daga majalisa na ɗan lokaci. A 1920, shekarar da ƙasar ta koma Kenya a hukumance, aka fara zaɓen mambobi, ya ci kujerar Rift Valley. Turawa kaɗai suka jefa ƙuri'a, kuma a lokacin duka-duka ba su kai dubu goma ba.

Me yake nema a majalisar?

Fili, 'yan ƙwadago masu arha, da mulkin kai a hannun Turawa irin na Afirka ta Kudu. Gona mai eka dubbai ba ta nomuwa da hannun mai ita, mutumin da ke da gonarsa da awakinsa kuwa ba shi da dalilin zuwa yi wa wani aiki. Sai aka samar masa da dalili: harajin bukka da na kai, waɗanda sai da tsabar kuɗi ake biya. Aka ƙara da kipande, wani ɗan gwangwanin ƙarfe da namiji baligi ke ratayawa a wuya, a ciki akwai takarda mai zanen yatsunsa da sunan ubangidansa. In ka bar aiki ba da sa hannun ubangida ba, ka zama mai laifi. Irin tsarin da Delamere da mutanensa suka yi ta matsa wa gwamnati a kai ke nan.

Ina labarin rikicinsa da Indiyawa?

Indiyawan Kenya sun fi Turawa yawa, suka nemi ƙuri'a iri ɗaya da 'yancin sayen fili a tsaunuka. Abin ya yi zafi har Turawa suka shirya tawaye, da shirin tsare Gwamna Coryndon in ta kama. Delamere ya ja tawaga zuwa Landan a 1923. Takardar manufa da gwamnatin Ingila ta fitar, wadda ake kira Takardar Devonshire, ta ce Kenya ƙasar 'yan Afirka ce, muradinsu ne a gaba in an samu saɓani. A aikace kuwa Turawa suka riƙe kujeru 11 a majalisa da tsaunukan, Indiyawa suka samu 5, 'yan ƙasa kuma aka naɗa musu wani Baturen mishan ya yi magana da yawunsu. Sai a 1944 baƙar fata na farko, Eliud Mathu, ya zauna a majalisar. Mulkin kan da Delamere ke buri dai bai samu ba. Ya sake komawa Landan a 1930 bai yi nasara ba, ya mutu ran 13 ga Nuwamba 1931 yana da shekara 61, da bashi a wuyansa.

Akwai abin da ya haɗa wannan labari da Arewacin Nijeriya?

Akwai mutum ɗaya, Sir Percy Girouard. Shi ya yi mulkin Arewa daga 1907 zuwa 1909, a zamaninsa aka fara titin jirgin Baro zuwa Kano, kuma shi ya assasa binciken da ya haifi dokar filaye ta 1910, wadda ta sa ƙasa a hannun gwamna amana don 'yan ƙasa. Daga nan aka mai da shi Nairobi, inda ya tarar da su Delamere sun riga sun kafu. A hannunsa aka yi tashin Masai na biyu, da ta bayyana cewa ya riga ya yi wa Turawa alkawarin filayen Laikipia, ya ajiye aiki a 1912.

Me ya rage na Delamere a Kenya ta yau?

Babban titin Nairobi da ke ɗauke da sunansa ya koma Kenyatta Avenue, an kuma ɗauke mutum-mutuminsa daga wurin. Soysambu, inda aka binne shi, ta ci gaba da zama a hannun zuriyarsa. A 2005 da 2006 tattaɓa-kunnensa Thomas Cholmondeley ya harbe mutum biyu har lahira a filin. Shari'ar farko aka janye ta, a ta biyu kotu ta same shi da laifin kisa ba da niyya ba a 2009, ta yanke masa ɗaurin wata takwas.