Ruwa a Ɗaki: Amsoshin Wani Magini a Nima

Na daɗe ina aikin gini a Nima da Mamobi, unguwanni biyu a Accra, babban birnin Ghana, kuma kowace damina tambayoyin nan ake maimaita mini. Ga amsoshin a rubuce, ko na huta.

Ba shara ce kaɗai ke kawo ambaliya ba?

A'a. Ledojin ruwa suna toshe kwata, amma kwatar da aka gina ta a buɗe, ƙuntatacciya, babu gangara, ko an share ta yau gobe za ta cika.

Me ya sa Sakul, wato shataletalen Kwame Nkrumah, ke cika da ruwa?

Kwari ne, kuma ta nan Kogin Odaw yake bi kafin ya faɗa tafkin Korle. A ranar 3 ga Yuni, 2015, ambaliya ta haɗu da gobara a wani gidan mai da ke wurin, mutane kimanin 150 suka rasu. Allah ya jiƙansu.

Malam, titi ya fi daɓen ɗakina tudu. In ɗaga dokin ƙofa?

Ya danganta, Hajiya, kuma ba zan yanke hukunci ban ga ɗakin ba. Idan ta ƙofa kaɗai ruwan yake shiga, jeri ɗaya na bulo da aka shafe da siminti yana iya wadatarwa. Amma idan kin ga danshi yana hawa bango, fenti yana ɓarewa daga ƙasa, to ta ƙarƙashin daɓe yake ɓullowa, kuma dokin ƙofa zai tsare shi ne a ciki, sai kin kwashe da bokiti. A nan sai a cike ɗakin a sake daɓe, in rufin yana da tsawon da zai bari. Wasu ɗakunan lungu, da an cike su, kai ya kusa taɓa kwano. Ki kuma duba inda ruwan da kika kora zai nufa, domin sau da yawa ƙofar maƙwabci ce. Sannan ki tuna da tsohuwar da za ta riƙa tsallake bulon nan da asuba, riƙe da buta, a cikin duhu. In haya kike, kada ki taɓa komai sai mai gida ya yarda.

Wannan yana nufin gidan ya lalace?

Kwantar da hankalinki, yawancinsu suna gyaruwa.

Tayil mai sheƙi a tsakar gida fa?

Haba! Wurin da ake alwala da wanki? Na gaji da faɗa: ku sa mai kaushi.