Jan layi a ƙarƙashin kod: abin da dokar XML ta ba ka damar kashewa, da abin da ta hana

Idan lokacin aikin kammala karatu ya zo, ɗaliban kwamfuta a Katsina, daga na Jami'ar Umaru Musa 'Yar'aduwa zuwa na Kwalejin Hassan Usman da na Alƙalam, har da 'yan'uwansu na kwalejin tarayya da ke Daura, tambaya ɗaya ke yawo a bakinsu: "Don Allah ya ake kashe wannan jan layin?" Mutum ya buɗe fayil a edita, wato manhajar rubuta kod irin Eclipse ko VS Code, jajayen layuka sun cika masa fuskar kwamfuta, na'urar tana ta nishi, alhali abin da ya rubuta yana aiki lafiya lau. Amsar da ake ba shi a gurguje ita ce ya shiga saiti ya kashe tantancewar baki ɗaya. Maɓallin yana nan kuwa, kuma ba wanda zai tuhume ka don ka taɓa shi. Sai dai akwai rubutacciyar doka a bayan jan layin nan, ita da kanta ta raba abin da kake da ikon kashewa da abin da ba ya hannunka.

Dokar ba ta gwamnati ba ce. Ƙungiyar W3C, wadda Tim Berners-Lee ya kafa a 1994 don tsara ƙa'idojin yanar gizo, ita ta fitar da ƙa'idar XML 1.0, wato yaren tsara bayanai a fayil yadda manhajoji za su iya karantawa, ranar 10 ga Fabrairu, 1998, kuma bugu na biyar ya fito a 2008. Ba ta da kotu, ba ta da 'yan sanda. Masu zartar da hukuncinta su ne manhajojin da ke karanta fayil ɗinka: burauza, da Maven, mai haɗa ayyukan Java, idan ta buɗe fayil ɗinta na pom.xml, da na'urar haɗa manhajar Android idan ta zo kan AndroidManifest.xml, da mai karanta labarai ta RSS, har da Word, tunda fayil ɗin docx tarin XML ne aka ƙunshe wuri ɗaya.

Sharuɗɗan dokar iri biyu ne, kuma duk rikicin ya samo asali daga cakuɗa su. Na farko sharaɗin gini ne. Duk tag ɗin da ka buɗe, wato alamar da ke nuna farkon wani yanki na bayani, sai ka rufe shi. Wanda aka buɗe a ciki sai an rufe shi kafin na waje. Dole a sami tag guda ɗaya tak da ya ƙunshe duk sauran. Babban baƙi da ƙaramin baƙi ba ɗaya ba ne, don haka `<Suna>` ba ya rufuwa da `</suna>`. Alamar & ba ta tsayawa ita kaɗai cikin rubutu, sai an rubuta ta `&amp;`, haka ma < sai an mai da ita `&lt;`. Wanda ya karya ɗaya daga cikin waɗannan, dokar ta ce ya yi kuskure mai tsayar da aiki. Hukuncin yana da tsauri: da zarar manhajar ta ci karo da shi, wajibi ne ta sanar, kuma an haramta mata ci gaba da miƙa bayanan kamar ba abin da ya faru. An yarje mata ta ci gaba da laluben wasu kurakuran don ta lissafa maka su, amma ba a yarje mata ta yi hasashen abin da kake nufi ta gyara maka ba. Da gangan aka yi haka. Masu tsara XML sun ga yadda kamfanonin burauza ke gasar yafe wa rubutun HTML, yaren shafukan yanar gizo, da ya karkace, kowa da irin hasashensa, suka ƙudura cewa sabon yaren ba zai bi wannan hanya ba.

Na biyu sharaɗin dacewa ne. Fayil na iya ginuwa daidai, amma ya saɓa wa tsarin da aka ɗora masa, wato takardar da ke faɗin waɗanne tag aka yarda da su, wanne ke zuwa kafin wanne, wanne ne wajibi. Wannan takarda ko dai DTD ce, wadda XML ta gada daga tsohuwar ƙa'idar SGML ta 1986, ko kuma sikima irin wadda W3C ta fitar a 2001. Tela zai gane bambancin nan take. Rigar da ɗinkinta ya warware ba mai iya sa ta, ko wane ne. Rigar da aka ɗinka da kyau amma ba da awon mai ita ba, riga ce sosai, sai wanda ya riƙe takardar awon ne zai ce ba ta yi ba.

A nan ne abin da ya sa na rubuta wannan bayani yake. Game da sharaɗin dacewa, dokar ta ce manhaja mai tantancewa ta sanar da kuskuren bisa zaɓin mai amfani da ita. Ba ta bar maganar a dunƙule ba, ta fayyace cewa duk inda ta ce bisa zaɓin mai amfani, wajibi ne manhajar ta tanadi hanyar kunnawa da kashewa. Ke nan wanda ya kashe duban dacewa bai yi ha'inci ba, haƙƙinsa ne da dokar ta rubuta masa. Ta ma amince da cewa akwai manhajoji da ba sa duban dacewa ko kaɗan. Amma game da sharaɗin gini ba ta ba kowa zaɓi ba, mai tantancewa da marar tantancewa duk sai sun tsaya.

Matsalar ita ce maɓallin da ke cikin edita ya fi wanda doka ta bayar faɗi. Idan ka kashe komai, editan zai yi shiru a kan nau'i biyun duka. Manhajar da za ta karanta fayil ɗin ranar da aka ɗora shi a kan saba, kwamfutar da ke ɗauke da shafin a intanet, kuwa ba ta san ka kashe wani abu ba, domin saitin yana kwamfutarka ne kawai. Tag ɗin da ka manta ba ka rufe ba yana nan yana jiranka, kuma maimakon ka gan shi a daƙiƙar da ka rubuta shi, da layinsa da komai, sai ka gan shi ranar kare aiki a gaban malamai, ko bayan mai shagon da ka yi wa shafi ya kira ka yana cewa labarai sun daina fita. Wannan shi ke damuna, domin mai koyo shi ya fi kowa buƙatar wannan gargaɗi, kuma shi ake fara koya wa ya toshe shi.

Duk da haka ba zan ce kada a kashe ba. Akwai dalilai na gaskiya. Babba a wajenmu shi ne netwok. Fayil da yawa suna ɗauke da adireshin DTD ko sikima a samansu, editan kuma sai ya tafi intanet ya ɗauko takardar kafin ya duba. Inda layi ke da ƙarfi ba a ma lura. Inda mutum ke jona kwamfuta da datar wayarsa, editan na iya sandarewa yana jira, daga ƙarshe ya zana ja a kan fayil mai lafiya saboda bai samu takardar awon ba. Ba mu kaɗai abin ya dama ba. A 2008 W3C da kanta ta koka cewa manhajoji na turo mata buƙatun irin waɗannan takardu har kimanin miliyan 130 a rana, galibi na fayilolin da suka shekara ba su canza ba. Maganin wannan ba kashewa ba ne ma, ajiye kwafin sikimar ne a kwamfutarka ka nuna wa editan inda take. Eclipse na da wurin yin haka mai suna XML Catalog, a VS Code kuma saitin `xml.catalogs` ne.

Dalili na biyu fayil ɗin da ba zallan HTML ba ne, kamar wanda aka cakuɗa da PHP ko JSP ko Blade ko samfurin Django, inda tag ke buɗewa a fayil ɗaya ya rufe a wani. Mai tantancewa zai yi ta ihu a kan abin da ba laifi ba. Na uku foldar kayan wasu da ka sauko da ita, dubban fayiloli da ba kai ka rubuta ba kuma ba kai za ka gyara ba, ga kwamfuta mai RAM gigabait 4 tana bin su ɗaya bayan ɗaya, batir na ƙarewa ba wuta. Idan gargaɗin ƙarya ya kai ɗari, na gaskiya guda ɗaya ɓacewa yake a cikinsu, don haka rage hayaniyar ma hidima ce ga aikin.

Abin lura shi ne a kashe daidai gwargwadon matsalar. A Eclipse, idan ka bi Window, Preferences, Validation, za ka ga akwatin Suspend all validators. Shi ne wanda ake nuna wa kowa, kuma shi ne mafi muni, don yana rufe bakin duk masu tantancewa a duk ayyukanka. Ƙasa da shi akwai jeri, kowane mai tantancewa da akwati biyu, Manual da Build. Cire alamar Build kawai, sai ya daina dubawa duk lokacin da ake haɗa aikin, amma ka iya danna fayil da maɓallin dama ka zaɓi Validate sa'ad da ka ga dama. A gefen kowanne kuma akwai wurin ware folda, ka ce wannan kada a duba ta. Mafi kyau ka yi duk wannan a cikin Properties na aikin da ke da matsalar kaɗai. Idan ka gama ka ga tsofaffin jajayen ba su tafi ba, kada ka ɗauka saitin bai kama ba, alamomin da aka riga aka rubuta ne, Project sannan Clean yakan share su.

VS Code, wanda Microsoft ta fitar a 2015, ba ya tantance XML da kansa, yawanci ƙarin manhajar Red Hat ce ke yi. `xml.validation.enabled` idan ka mai da shi false ya kashe komai. `xml.validation.schema.enabled` idan ka sa masa never ya kashe duban sikima kaɗai ya bar maka duban gini, wanda shi ne ainihin zaɓin da dokar ta bayar. Saitin nan hawa-hawa ne: akwai na asali, saitin mai amfani yana danne shi, saitin aiki da ke cikin `.vscode/settings.json` kuma yana danne na mai amfani. Wannan na da amfani ga masu aiki tare. Abin da ka sa a saitinka na kanka yana bin ka duk aikin da ka buɗe har ka manta da shi. Abin da aka sa a fayil ɗin aiki kuwa yana tafiya da kod ɗin cikin Git, ma'ajiyar kod ta masu aiki tare, kowa ya gani, kuma fayil ɗin na karɓar sharhi, sai ka rubuta layi ɗaya a kai ka faɗi dalilin kashewar domin wanda zai gaje ka.

Mu masu rubuta Hausa muna da namu tarkon na musamman, kuma hamza ce. A fayil ɗin strings.xml na Android, hamzar da ba a sa mata karkatacciyar sanda a gaba ba tana hana manhajar haɗuwa. Dole ma'aikata ta zama `ma\'aikata`, ko a sa jimlar duka cikin alamar zance mai baki biyu. Sunan Jami'ar Umaru Musa 'Yar'aduwa kaɗai hamza uku gare shi. Wannan ba dokar XML ba ce, ƙa'idar Android ce da aka ɗora a kanta, shi ya sa rubuta `&apos;` ba ya fitar da kai. Sai kuma wanda ya rubuta a Word, inda hamza ke lanƙwashewa, ya ajiye a tsohon tsarin baƙaƙen Windows, alhali saman fayil ɗin ya ce tsarin baƙaƙensa UTF-8 ne. Dokar ta sa wannan saɓani cikin kurakurai masu tsayar da aiki. Tsohon tsarin nan ma ba shi da gurbin ɓ da ɗ da ƙ, don haka ajiye komai a UTF-8 tun farko shi ne zaman lafiya.

Ko sharaɗin dacewar ma, kashe shi a edita bai hana wani ya duba ba. Ka rubuta tag ɗin da Maven ba ta sani ba a pom.xml, za ta ƙi aikin ko editanka ya yi gum.

HTML labarinsa daban ne, shi ya sa mutane ke rikicewa. Ƙa'idar HTML5, wadda W3C ta tabbatar a Oktoban 2014, kuma ƙungiyar WHATWG ke riƙe da ita ita kaɗai tun yarjejeniyar 2019, ta rubuta dalla-dalla yadda burauza za ta lallaɓa rubutun da ya karkace ta nuna shafin. Saboda haka shafi mai kurakurai hamsin zai buɗe, mai shi ya ce ai ga shi yana aiki. Laifin yana fitowa ta wata ƙofa: id biyu masu suna ɗaya su rikita JavaScript, div da ba a rufe ba ya watsa shafin a ƙaramar waya, hoton da ba a yi wa bayani ba ya bar makaho mai sauraron shafi da manhajar karantawa ba tare da sanin abin da ke wurin ba. VS Code ma abin da yake dubawa a HTML kaɗan ne, JavaScript da CSS ɗin da ke ciki ne, ta `html.validate.scripts` da `html.validate.styles`. Idan fayil ɗin samfuri ne ake ɗauka HTML, `files.associations` zai gaya wa editan ainihin yarensa, hayaniyar ta lafa ba tare da an kashe komai ba.

Wanda tilas ta sa ya kashe duban edita gaba ɗaya saboda kwamfutarsa ba ta ɗauka, yana da mafita kafin ya miƙa aiki. Umarnin `xmllint --noout` da sunan fayil a gabansa yana duban gini, ba ya buƙatar edita mai nauyi, idan komai lafiya ba ya cewa uffan, idan akwai matsala ya faɗi lambar layin. A ƙara masa `--schema` da kwafin sikimar da ke kwamfutarka, ya duba dacewa ma. Na HTML kuma W3C na da shafin dubawa kyauta a validator.w3.org, ana iya liƙa masa kod ɗin kai tsaye ko a ba shi adireshin shafin.