Wunmi Mosaku

Oluwunmi Mosaku, wadda aka fi sani da Wunmi Mosaku, jarumar fina-finai ce da wasannin talabijin 'yar Birtaniya amma asalinta 'yar Najeriya ce. A Zariya ta jihar Kaduna aka haife ta ranar 31 ga Yuli 1986, iyayenta Yarbawa ne kuma dukkansu malaman jami'a.

Tasowarta

Ba ta daɗe a Zariya ba, tana da kamar shekara ɗaya iyayen suka kwashe su zuwa Ingila suka zauna a Manchester, unguwar Chorlton. Can ta yi makaranta, ta kuma yi shekaru tana rera waƙa a ƙungiyar mawaƙa 'yan mata ta birnin. Daga nan ta samu shiga RADA da ke Landan, makarantar koyon wasan kwaikwayo da shigarta ba wasa ba ne, ta gama a 2007.

Farkon aiki

A dandamali ta fara, sai BBC ta sa ta a shirin Moses Jones a 2009. A 2010 ta fito a I Am Slave a matsayin Malia, yarinyar da aka sato daga duwatsun Nuba na Sudan aka mayar baiwa a Khartum sannan aka tura ta aikatau wani gida a Landan inda aka ƙwace mata fasfo aka hana ta ko leƙa ƙofa. Labarin an gina shi ne a kan rayuwar Mende Nazer. Ta kuma yi 'yar sanda Holly Lawson a farkon shirin Vera mai dogon zango na tashar ITV wajen 2011, ba ta jima a ciki ba.

Fim ɗin Damilola

Wannan shi ne aikin da ya ɗaga ta a Birtaniya kuma gaskiya har yau da wuya a ce ta yi wanda ya fi shi nauyi. Damilola Taylor yaro ne ɗan shekara 10 haifaffen Legas da ya je Landan da mahaifiyarsa da 'yan uwansa a 2000 don a nema wa yayarsa magani, watanni kaɗan da zuwansu, ranar 27 ga Nuwamba, aka soke shi a cinya da fasasshiyar kwalba yana hanyar komawa gida daga laburare a unguwar Peckham, jini ya ƙare masa a matakalar wani bene. Shari'ar ta ja sosai, sai a 2006 aka samu wasu samari biyu, wa da ƙani, da laifi. A 2016 BBC ta yi fim a kai mai suna Damilola, Our Loved Boy, Wunmi ta fito a matsayin uwar yaron, Gloria Taylor, wadda ta rasu tun 2008. Fim ɗin bai tsaya kan 'yan sanda da kotu ba, cikin gidan ya shiga, yadda rashin ɗa ke cin miji da mata kowa da irin nasa shirun. Da shi ta ci kyautar BAFTA ta talabijin, babbar lambar yabo ta Birtaniya, a 2017 a rukunin mataimakiyar jaruma.

Bayan nan

Ta fito a zango na biyar na Luther tare da Idris Elba a 2019. A 2020 ta yi His House na darakta Remi Weekes wanda Netflix ta saki, fim ɗin ban tsoro ne kan wasu ma'aurata 'yan gudun hijira daga Sudan ta Kudu da aka ba su wani ruɓaɓɓen gida a Ingila, ita ce matar, Rial, Sope Dirisu kuma mijin. Duk a shekarar ta yi Ruby a Lovecraft Country na HBO.

Masu kallon fina-finan Marvel kuwa sun fi saninta da Hunter B-15 a shirin Loki da aka fara a 2021, ta sake fitowa a wannan matsayin a Deadpool & Wolverine a 2024. A 2025 Ryan Coogler ya ba ta Annie a Sinners, wata mai maganin gargajiya a Mississippi ta 1932, matar ɗaya daga tagwayen da Michael B. Jordan ya fito a matsayinsu, kuma an yaba mata sosai.

Rayuwarta

Tana da aure da 'ya, a Los Angeles ta Amurka take zaune.