Wai me ake nufi da "sispans" ne?

Kwanan nan a Njamena komai ya zama sispans. Mai shiri a rediyo ya ce akwai sispans kan naɗin ministoci, alhali jira ne kawai. Yaran da ke ɗaukar gajerun finafinai da waya su ma sun cafe. Fim ya yanke ana tsaka da magana, ka tambayi yaro ina ƙarshen, ya ce, "Kawu, ai sispans ɗin ke nan." A'a ɗana, ko dai caji ne ya ƙare maka ko dabara.

Ta bakin Faransanci kalmar ta iso mana, tushenta kuwa Latin ne, daga kalmar da ke nufin ratayewa. Zuciyar mai kallo ake ratayewa, kuma rataya sai da maratayi, wato abin da mai kallo ya riga ya sani.

A ce an nuna maka kunama ta shige cikin takalmi a ƙofar zaure. Mai takalmin ya fito, ya tsaya gaisawa da maƙwabci, har da tambayar gajiya da iyali. Ya zura ƙafa a na hagu, lafiya lau. Ya ɗaga ta dama, sai aka kira shi daga cikin gida, ya juya. Kai kuwa ka kasa haɗiye shayin da ke bakinka. Minti 3 ba abin da ya faru, amma kana zaman ɗar-ɗar. Da ba a nuna maka kunamar ba, iyakaci ka zabura in ya yi ihu, shi ke nan.

Mahamat-Saleh Haroun, mai shirya finafinai ɗan Abeshe, da gajerun finafinai ya fara, kuma ya san wannan sarai. A fim ɗinsa Daratt na 2006, tun farko mun san yaron na ɗauke da bindiga, mun san mai gidan burodin da ya ba shi aiki shi ya kashe ubansa. Sai kwaɓa fulawa ma ta zama abin fargaba.

Abin da ya fi ba ni haushi shi ne haɗa wannan da harshen damo, wato ƙarshen da ke karɓar fassara biyu. Damo dai harshensa biyu ne, ba goma ba. Ta yafe masa ko ba ta yafe ba, kowanne da hujjarsa a cikin fim, 'yan kallo su watse suna gardama. Na yaran nan kuwa, muna tashi abin da maƙwabcina ya tambaye ni shi ne, wai matar nan uwarsa ce ko matarsa.